Mun wuni a ƙauyukan Polinesiya na Hawai: tauraro huɗu na ba su, na biyar ɗin alade ya ci

Tun ranar da na dawo Kaduna duk wadda ta shigo yi min sannu da zuwa tambayarta ɗaya ce, wai wane ƙato ne na sa a sitatus ɗina ya maƙale a saman bishiyar kwakwa ba riga, kuma me ya kai Oga gaban ganga da kaftani da zanna bukar ɗinsa. Na ba da labarin nan a falo ya fi sau goma har muryata ta dishe, jiya ma a gidan suna a Unguwar Dosa sai da aka sake tisa ni gaba, toh bari in rubuta shi gaba ɗaya kowa ta karanta in huta, wata ƙila ma Allah ya kai wata can ya yi mata amfani.

Oga aka tura taron aiki na kwana biyar a Honolulu, babban birnin Hawai, ni kuwa na ce Yallaɓai ƙafarka ƙafata tunda Allah ya sa bizata ba ta ƙare ba. Tafiyar kam ba ta wasa ba ce, daga Rigasa muka hau jirgin ƙasa zuwa Abuja, daga nan jirgi bayan jirgi, in kin sauka Los Anjalas kina hamdala an iso sai a ce miki saura awa biyar da wani abu, ba komai a ƙarƙashinki sai tekun Fasifik. Tsakaninmu da gida awa 11 ne, muna shirin azahar ƙarfe ɗaya ku a nan sha biyun dare ta buga, shi ya sa Umma ta yi ta ƙorafi wai na je Amurka na daina ɗaga waya, alhali duk sanda ta kira ni ina tsakiyar barci.

Wurin sunansa Polynesian Cultural Center, wato cibiyar al'adun Polinesiya, wani yankin tsibiran tekun Fasifik, yana wani ƙaramin gari La'iye can gefen arewa na tsibirin Owahu, tsibirin da Honolulu take. Tun 1963 aka buɗe shi. Fili ne eka 42 da tafki mai tsawo ya ratsa tsakiyarsa, aka jera ƙauyuka shida a bakin ruwan, Samowa, Tonga, Fiji, Tahiti, Hawai ɗin kanta, sai Awotiyarowa wato sunan da Maori, 'yan asalin ƙasar, ke kiran Niyu Zilan. Cocin nan da ake ce wa Mormon ne ke da shi, jami'arsu BYU ta Hawai tana maƙwabtaka da wurin, kuma yawancin waɗanda za ki gani suna rawa suna tura kwalekwale suna kwashe faranti ɗaliban jami'ar ne, da yawansu 'yan tsibiran ne na gaske, aikin nan shi ke tallafa musu a karatun. Da safe aji, da rana ganga. Wannan ne ma ya sa da na ga kuɗin tikiti zuciyata ba ta buga sosai ba, dan wlh akwai tsada, wanda muka saya mai haɗe da abincin dare da wasan dare ya haura dala 100 da nisa kowane mutum, ina ba ki shawara kar ki buga shi a naira in kina son ki ji daɗin wunin.

Kuskuren farko namu ne. Oga ya ware Laraba dan ranar ce ba shi da zama, sai da daddare ranar Talata na duba na ga ashe lokacin ba sa buɗewa Laraba, Lahadi kuwa dama ba a maganarta tunda wurin coci ne. Dole ya zille wa zaman Alhamis. Kuma ba wurin sammako ba ne, sai rana ta take ake buɗe ƙauyukan, a tashi wajen tara na dare.

Kuskure na biyu shi ne motar. A teburin otal ɗinmu aka haɗa mu da wani kamfanin bas mai ɗaukar baƙi, suka ce mu sauko goma daidai, muka tsaya a bakin titi ni da hijabina ana ta kallona har goma da minti arba'in, da ta zo kuma sai ta shiga bin otal-otal tana kwasar mutane kaman motar Kawo mai neman cika. Ga sanyin na'urar da suka ƙure kaman za a kai kifi kasuwa. Daga Waikiki, unguwar da otal ɗinmu yake, zuwa La'iye bai kai Kaduna zuwa Zariya ba, wajen kilomita 55 ne, amma sai da muka ci kusan awa biyu. Sai dai hanyar ta biya ni. Ana bi ta cikin ramin da aka fasa a dutsen Ko'olawu, kina fitowa ta ɗaya gefen kaman an canza miki duniya, duwatsu kore shar a tsaye kaman an yi musu kalmasa, sannan titin Kamehameha ya bi bakin teku, ruwa a dama dutse a hagu, akwai wani ɗan tsibiri a cikin ruwan sak malafar Bafulatani. Abin da ya fi ɗaure min kai kuma kaji. Kaji jama'a, zakaru manya-manya da kaji da 'yan tsakinsu suna kiwo a bakin titi da wuraren ajiye mota, ba su da mai su. Na ce Yallaɓai ka ga arziki yana yawo, ya ce Hajiya rufa min asiri kar ki sa a kama mu a ƙasar mutane.

Da an shiga za a ba ki taswira da jadawali, kowane ƙauye da lokutan wasansa, kuma a nan ne dabara take, dan in kika ce sai kin ga duka shidan daki-daki a rana ɗaya kin yaudari kanki. Mu dai ƙauyuka huɗu muka gani sosai, biyu leƙe kawai muka yi.

Samowa ki fara zuwa, ko da ita kaɗai za ki gani. Wani bawan Allah ne ya fito, ƙato, ɗaure da zani a ƙugu da ganye a wuya, bakinsa kaman na ɗan kama, bai yi minti biyu ba ya sa mutum ɗari dariya. Ya kafa wani icce mai tsini a ƙasa, ya ɗauko kwakwa da ɓawonta na waje, irin mai kaurin nan da mu ba ma ganinsa a kasuwa, ya caka ta a tsinin ya murɗa, sau huɗu ko biyar ta fito tsirara. Sai ya juyo mana da ita ya nuna idanuwan nan uku, ya ce ga ido biyu ga baki, akwai jijiya da ta bi ta tsakanin idon, ya ɗauki ɗan dutse bai kai dunƙulen hannu ba ya ƙwanƙwasa a tsakiyar jijiyar sau ɗaya, kwakwa ta rabe biyu daidai kaman an sa zarto, ruwan ma bai zube ba. Ni da na shekara goma sha ina girkin biki ina maka kwakwa da ƙasa tana tarwatsewa muna bin ɓaraguzai ƙarƙashin firij, sai na ji kunya ta kama ni. Ya zauna a wata 'yar kujera mai ƙarfe a baki ya kankare ta tas, ya zuba a cikin wani zare-zaren icce ya matse, madara fara sol mai kauri ta zubo, ba ruwa ko ɗigo a ciki.

Wutar kuma ita ce ta gama da ni. Icce biyu busassu, ya taka ɗaya ya dinga goga bakin ɗayan a kansa da sauri har ya yi ɗan kwari, garin iccen ya taru a ƙarshe ya fara hayaƙi, ya juye shi cikin gashin kwakwa ya kaɗa a iska, sai ga wuta bal. Ko minti ɗaya ban ce ya cika ba. Yana yi yana bayani wai a Samowa girki na al'ada aikin maza ne, samari ke hura wuta su gasa duwatsu su dafa wa gida. Na zunguri Oga na ce Yallaɓai ka dai ji, ya ce shi Turancin mutumin bai fita sosai ba. Daga nan wani saurayi ya tunkari bishiyar kwakwa ba igiya ba tsani, tafin ƙafa da hannu kawai, kafin in gama buɗe kamara ya kai sama yana ɗaga mana hannu har yana wasa kaman zai faɗo. Shi ne na sitatus ɗin. Masu hawan giginya na ƙauyen su Umma ne kawai za su iya karawa da shi.

A Tonga aka yi abin. Ganguna ne manya, tsayinsu ya kusa ƙirjin mutum, ana dukansu da sanda biyu kina jin sautin a cikin hanjinki. Bayan sun gama nasu sai mai kiɗan ya ce yana son maza uku daga cikin 'yan kallo, ya waiga ya waiga idonsa ya faɗa kan farin kaftani da hula a cikin gajerun wanduna. Oga ya noƙe, jama'a suka hau tafi, ni kuma da na fi kowa son a yi na tura shi. Aka ɗaura masa wani abin ganye a kan kaftanin, aka tambaye shi daga ina, ya ce Najeriya, Kaduna, mai kiɗan ya maimaita Kadunaaa da ƙarfi kaman mai kiran fasinja. Duk abin da ya buga Oga ya maimaita, duk ihun da ya yi Oga ya yi, mutumin da ko a bikinmu sai da abokai suka roƙe shi kafin ya taka sau biyu. Can sai na ji ya saki nasu ya koma wani kiɗa kaman na 'yan dambe, wurin ya ɗau sowa. Da ya sauko yana share gumi ya ce Hajiya in bidiyon nan ya je gurup ɗin gidanmu ni da ke ne. Ya riga ya je.

Tonga ɗin ashe masarauta ce har yau, ita kaɗai ce ƙasa mai cin gashin kanta da ta rage da sarkinta na gado a duk Polinesiya, Ingila ta yi mata inuwa daga 1900 zuwa 1970 amma ba a taɓa tuɓe gidan sarautar ba. Sun nuna mana wani ƙyalle da suke yi da ɓawon icce, a jiƙa a yi ta bugu da ƙotar katako har ya yi faɗi a zana shi, ƙarar bugun sak masu bugun shadda, kuma shi ake shimfiɗawa a biki da mutuwa, wadda ta fi tara shi ita ce mai kaya, kaman dai mu da kwalla a da.

Ƙauyen Maori ya bambanta, nan ba dariya sosai. Ana shigar da ku wani babban zaure na katako da aka sassaƙe tun daga ƙofa har rufi, a yi muku marhaba da waƙa da jawabi cikin harshensu, sannan mazan su fito su yi rawar nan da 'yan zari-rugar Niyu Zilan ke yi kafin wasa, buga ƙirji, buga cinya, taka ƙasa, zare ido, zaro harshe. A talabijin abin dariya nake ɗaukarsa, amma da yana gabanka taku biyar katako na girgiza, tsigar jikina sai da ta tashi, wata yarinya a gabanmu ta fashe da kuka. Kirari ne kawai irin na 'yan tauri, an haɗa shi da jiki gaba ɗaya. Zanen fuskarsu ma an ce yana faɗin asalin mutum da danginsa, na tuna da kakata da take duba tsagar mutum ta faɗi garinsu kafin ya buɗe baki. Sunan rawar kuma shi ya haɗa ni da Yaya a waya. Ta ce me sunanta, na ce haka. Ta ce haka me? Na ce haka dai. Ta ce ke ban son iskanci ina tambayarki kina ce min haka, sai da na rubuta mata.

Irin wannan ta faru a ƙauyen Hawai, wata ɗaliba ta ce kowa ya tashi za a koya mana hula, sunan rawarsu ke nan, Oga ya kai hannu ya dafe tasa.

A nan Hawai ɗin na fi daɗewa saboda gwaza. Eh gwazarmu dai, ita ce tuwonsu, kalo suke ce mata. Ana dafa ta a ɓare, a ɗora a wani faffaɗan akushi, a dinga dandaƙa ta da wani dutse mai kama da ƙararrawa ana yayyafa ruwa da hannu har ta yi laushi ta yi danƙo, in an ƙara ruwa ta zama abin da suke kira poi. Da yatsa ake sha, har suna auna kaurinsa da yatsu, mai yatsa ɗaya shi ne mai kauri, mai uku ya tsinke. Aka ba mu ɗanɗano a ɗan cokali. Toh. Kalarsa tsakanin toka da shuɗi, ba gishiri ba suga, kaman kokon da ya kwana ya huce aka manta ba a sa komai ba, wai in ya kwana biyu ya yi tsami wasu sun fi so. Na haɗiye dan kar in ba da mu, amma raina na wajen gwazar makaranta da ƙuli da yaji. Sai dai abin da yarinyar ta faɗa ya zauna min, a tatsuniyar asalinsu gwaza yayan mutum ce, ita aka fara haifa, shi ya sa in an buɗe ƙwaryar poi a tsakiyar gida ba a faɗa ba a ɗaga murya, dan ba a rashin kunya gaban babba. Mu ma dai an hana mu surutu a kan tuwo, amma ba a taɓa ba mu dalili mai daɗin wannan ba.

Can gefe akwai wani ƙaton jirgin ruwa na katako mai ciki biyu, Iyosefa sunansa, irin wanda kakanninsu suka keta teku da shi. Oga ya maƙale a nan ya ƙi tafiya. Mutanen nan ba taswira ba na'ura suka bazu daga Hawai har Niyu Zilan har tsibirin Ista mai gumakan dutse, da taurari da yanayin igiyar ruwa da tashin tsuntsaye suke gane hanya. An daɗe ana musun cewa iska ce kawai ta watsa su, sai aka ƙera irinsa mai suna Hokule'a, a 1976 aka tuƙa shi daga Hawai zuwa Tahiti ba kamfas, wani masani Mau Piyailug ya ja gaba. Oga ya ce madugan ayarin Azbin ke nan, su rairayi waɗannan ruwa. Kuma taurarin nan da muke ce wa kaza da 'ya'yanta su ma suna ji da su, Makali'i suke kiransu, fitowarsu ce ke buɗe musu sabuwar shekara.

Fiji leƙe muka yi, akwai wani ɗaki mai rufin ciyawa dogo sosai da ake hangowa daga ko'ina, ɗakin bautarsu na da, sai aka raba mana gora muna buga ta da ƙasa tana ba da sauti. Tahiti kuma rawar karkaɗa ƙugu ce, Oga ya ce shi zai je neman ruwa. Gaskiya dai matan a suturce suke fiye da yadda na zata, ba irin abin da ake gani a hotunan talla ba, mazan ne dai ba riga. Burodin kwakwarsu da ɗuminsa na ci biyu. Akwai kuma wasan da ake yi a kan tafkin, kowane tsibiri ya zo a kwalekwalensa suna rawa a kai, ki nemi inuwa da wuri dan wurin zama na cika, mu a tsaye muka gani rana na dukanmu, ba a jima ba kuma yayyafi ya sauko, gefen nan na tsibirin haka yake, ki tafi da 'yar lema da takalmi mara tsini da hijabi mara nauyi.

Maganar sallah tunda na san za a tambaya. Ban ga wurin sallah ba kuma ban yi tsammani ba, masallacin da muka sani yana unguwar Manowa a cikin Honolulu, nan Oga ya yi Juma'a washegari. Gorar ruwa na mayar buta, muka sami wani lungu mai ciyawa bayan bishiyoyi na shimfiɗa ɗankwalin da na zo da shi muka haɗa azahar da la'asar ƙasaru. Wayar ta nuna alƙibla arewa ta ɗan karkata yamma, jikina ya ƙi yarda, mutum ya tashi tun yana yaro gabas gabas, sai da Oga ya duba tasa ita ma haka. Ba wanda ya ce mana kanzil, wani ma'aikaci ma da ya zo wucewa da amalanke sai ya tsaya ya jira muka sallame. Kuma ba a sayar da giya a wurin ko kaɗan, ba za ki haɗu da mai tangaɗi ko warin kwalba a teburinki ba, wannan ya kwantar min da hankali sosai. Akwai wata 'yar mota da ke kai masu so su ga haikalin cocin da jami'ar, an yi mana tayi sau ɗaya muka ce mun gode, shikenan ba naci.

Yanzu tauraron da ya faɗi. Walimar yamma luwau ake ce mata, ana rataya miki furanni a wuya a ƙofa, a kawo lemo a cikin abarba da aka rarake, wuri ya yi kyau ba ƙarya. Amma sarkin walimar alade ne, kuma ba laifinsu ba ne abincinsu ke nan, laifina ne da ban bincika ba kafin mu biya. Rami suke haƙawa, imu, a hura itace a jera duwatsu su yi ja, a shimfiɗa ɓargon ayaba da ganye, a kwantar da dabbar ɗungurungum a rufe ta wuni tana turaruwa, sannan a tono ta gaban jama'a ana tafi. A matsayina na mai girki dabarar ta burge ni, a raina ina cewa ina ma ragon layya ne. Muka bi layin ɗebi-da-kanka muna tambayar kowane kwano, yaran kuma suna amsawa tsakani da Allah, wannan akwai wannan babu. Kaza da naman sa muka bari tunda ba mu san yanka ba, muka tsaya a kifi da shinkafa da dankalin Hausa mai shuɗin ciki da wani burodin gwaza mai laushi shi ma shuɗi, sai abarba da na ci kaman ba gobe, irin zaƙinta ban taɓa ji ba. Akwai ɗanyen kifi da aka yanka ƙanana aka kwaɓa, poke, Oga ya ci ya ce da daɗi, ni na ce a kai kasuwa. Mun ƙoshi, amma kuɗin da muka biya na masu cin komai ne. Da zan koma tikitin ƙauyuka da wasan dare kawai zan saya, in ci in ƙoshi kafin in fito, da yamma in nemi kifi a 'yar kasuwar Hukilau da ke bakin ƙofa. Kuma dan Allah kar wata ta ce za ta taho da kilishi ko dambun nama daga gida, ba a shiga Amurka da shi, a filin jirgi za a raba ku.

Ana cin abincin ana waƙoƙin tunawa da sarauniyarsu ta ƙarshe Lili'uokalani, wadda Turawa 'yan kasuwa suka kifar da ita a 1893 da goyon bayan sojan ruwan Amurka, daga baya ma aka tsare ta a ɗaki a cikin fadarta. Oga ya lissafa ya ce shekara goma ke nan kafin a ci Kano da Sakkwato. Sai 1959 Hawai ta zama jiha ta 50. Ni dama ban san sun taɓa yin sarauta ba, na ɗauka wurin shan iska ne kawai.

Sunan kasuwar ma da labarinsa, hukilau kamun kifi ne na gayya, gari guda a ja taru ɗaya zuwa gaɓa, mutanen La'iye suka mayar da shi abin kallo ga baƙi a ƙarshen shekarun 1940 dan su tara kuɗin sake gina cocinsu da ya ƙone, daga nan tunanin wannan wuri ya tsiro. Ƙaramin Argungu dai. Ina zaune ina ta saƙa a raina, a jihar Kaduna kaɗai ga Gbagyi ga Bajju ga Atyap ga Ham ga Adara ga Fulani ga mu, ga kayan Nok, ga garin Kaduna da aka yi hawan dabar FESTAC a 1977, a ce an sami fili a bakin kogi kowa da ƙauyensa, 'yan jami'a na nuna saƙa da ƙira da dakan fura suna biyan kuɗin makaranta. Na faɗa wa Oga ya ce in ci abarbata.

In faɗi gaskiya kuma, wasa ne aka tsara, ba ƙauye ba ne na gaske, ba akuya ba hayaƙin safe ba tsohuwa mai faɗa. Da muka sake bi ta Samowa na ji mutumin yana maimaita barkwancin ɗazu kalma da kalma mutane na dariya a daidai inda muka yi. Bai dame ni ba, hannun da ya fasa kwakwar ai na gaske ne. Wata ɗaliba 'yar Tonga da ta tura mu a kwalekwale da doguwar gora ta ce min wasu abubuwan ma a nan ta koye su ba a gida ba.

Wasan dare wajen bakwai da rabi ake farawa, a wani babban dandali mai rufi a kan 'yan kallo, filin wasan kuma a buɗe da dutse da ruwa na zuba a bayansa. Sunansa Ha, wato numfashi. Mutum sama da ɗari ke fitowa. Labarin wani yaro ne Mana, eh Mana mana, daga haihuwarsa zuwa girma da neman aure da yaƙi da rasuwar mahaifinsa har shi ma ya haihu, kowane mataki a tsibiri ɗaya, ko ba kya jin Turanci za ki bi. An hana ɗaukar hoto, kuma gara haka dan da ta waya zan kalla. Wurin rasuwar uban na share hawaye a ɓoye. Sai ƙarshe aka kashe fitilu 'yan Samowa suka fito da wuƙaƙe masu wuta a kai biyu, suna juya su har sai kin ga zobe kawai, a cilla sama a cafe ta baya, a ɗora wutar a tafin ƙafa, wani ya taɓa ta da harshe ya kunna ɗaya bakin, har da ɗan yaro a cikinsu. Wasu kuma da bujen ganye suka dinga zama a kan wuta suna kashe ta da mazaunai ana ta dariya. Gardawa na gani sak. A nan wurin ake gasar duniya ta wasan wuƙar wuta kusan duk shekara tun 1993. Daga kujerarmu muna jin ɗumin wutar da warin mai.

Ana tashi 'yan wasan suka tsaya a yi hoto da su, mu kuwa direban bas ɗinmu ya riga ya ja kunne minti goma sha biyar ya ba mu, wanda da safe ya shanya mu minti arba'in, haka muka fita da gudu ina riƙe da takalmi. Tikitin ya ba da damar a koma ƙauyukan kyauta cikin kwana uku, da muna da lokaci da na koma Fiji da Tahiti, wanda zai iya ya ɗauki hayar mota kawai ya huta da jiran kowa. Sha ɗaya ta wuce muka shiga otal, Umma ta kira daidai lokacin, karo na farko na ɗaga da ido biyu, tambayarta ta farko wai mun sami abin da za mu ci kuwa.

Satin da ya wuce na sayo kwakwa uku a Kasuwar Barci na tara yara a tsakar gida. Ta farko ta tarwatse, ta biyu ta ƙi ko gezau sai da na koma maka ta da ƙasa, ta ukun na nemo jijiyar tsakanin ido na ba ta ɗaya da bayan wuƙa ta rabe biyu cif, yara suka hau ihu. Oga kuma ya samo icce biyu wajen mai gadi ya durƙusa yana gogawa, ya fi minti ashirin, ya sami kanta biyu a hannu, autarmu ta shiga kicin ta ɗauko masa ashana.